Wasiyyar da Baba Bai Bari Ba

Akwai wata magana da ta daɗe tana yawo a danginmu, na kuma san ta shiga kunnuwanku tun da wuri, domin daga bakina ta fara fita. Ana cewa kakanku Malam Hamza ya bar wasiyya kafin ya rasu, cewa kada wani daga zuriyarsa ya karɓi sarauta, wai kuma shi ya sa na mayar da rawanin Sarkin Magina lokacin da aka nemi naɗa ni muna zaune a Riyad. To, babu wannan wasiyyar. Ni na faɗe ta, aka ɗauka, na ji daɗin yadda ta rufa mini asiri, na bar ta ta yi ƙafa. Yanzu da gwiwa ta yi nauyi, kuma yawancin waɗanda suka san yadda aka yi sun riga mu gidan gaskiya, gara in warware ta da kaina, kada ku gaje ta kamar gona.

Gidanmu gidan magina ne tun kaka da kakanni, kuma sarautar Sarkin Magina ta garinmu a cikinsa take. A zamanin Turawa tana hannun Baba Audu, yayan mahaifina. Ku da kuka tashi a ƙasar waje ba lalle ku gane yadda mulkin nan ya kasance a wurinmu ba. Bature ba ya zuwa ƙofar gidan kowa. Yana zaune a bariki zai faɗa wa Sarki, Sarki ya faɗa wa hakimi, hakimi ya aiko dogari. Hannun da talaka ya sani a jikinsa na ɗan garinsu ne mai rawani. Duk shekara idan ruwa ya ɗauke, sai magina su bar aikin da zai ciyar da su, su tafi yaɓen gidan hakimi da masaukin Bature, ba lada, ba ko furar rana. Da aka fara maganar 'yancin kai, jam'iyyu biyu suka shigo garin. Ɗaya 'ya'yan sarakuna da malaman En'e, wato ma'aikatan hukumar gargajiya, suka cika ta, tana cewa Bature ya tafi, sarauta ta zauna daram. Ɗayar ta teloli ce da mahauta da 'yan koli, tana cewa idan Bature zai tafi, to ya haɗa da bulalar da ya ara wa sarakuna. Baba ya shiga ta biyun. Wata kaka ya ƙi fita aikin gidan hakimi, ya kuma hana samarin unguwa fita. Aka yi masa bulala a bakin kasuwa, alƙali ya ɗaure shi wata shida, Baba Audu yana tsaye bayan hakimi da rawaninsa bai ce uffan ba. Da aka sauke tutar Turawa, jam'iyyar farko ce ta karɓi mulki, hakimin yana nan a kan shimfiɗarsa, dogaransa suna nan. An ce ranar ana ta kiɗa a dandali, Baba yana saman wani soro yana aiki. Aka ce masa ya sauko, an sami 'yanci. Ya ce jinka aka sake, ginin yana nan yadda yake.

Wannan shi ne Baban da na sani, kuma ba daga bakinsa na san shi ba, domin shi mutum ne marar magana. Tsofaffin 'yan jam'iyya masu zuwa zaurenmu da yamma su suka ba ni shi, kullum da ƙarin gishiri, shi kuwa yana gefe yana gyaran ƙotar magirbi, ba ya tankawa. Ina ɗan shekara goma sha biyu aka kai ni makarantar kwana, daga nan jami'a, daga nan aiki a kudu, gida sai da hutu. Na tafi da wannan hoton nasa a zuciyata, ban taɓa komawa na duba ko ya cika ba.

Shekarar da abin ya faru muna zaune a unguwar Suwaidi ta Riyad, a hawa na biyu, gidan nan da tagar kicin ɗinsa take kallon shagon mai gasa gurasa. Ina aiki da wani kamfani a Dir'iyya, tsohon garin ƙasa da ke bakin kwari, inda kakannin sarakunan ƙasar suka fara mulki. Aikina shi ne in hana ruwa cin gindin tsofaffin bangaye. Wani lokaci nakan tsaya in yi wa kaina dariya, ɗan mutumin da ya sha bulala don ya ƙi yaɓe gidan hakimi, ga shi ya tsallaka teku yana tallafe fadar wasu. Sai in lallashi zuciyata da cewa ni da ƙafata na zo. A wurin nan nake aiki tare da Yaya Tanimu, ɗan Baba Audu, wanda ya girme ni da shekara uku. Ya riga ni zuwa ƙasar, ya daɗe yana jera bulo a ƙarƙashin wani kafili, wato ubangidan da ya tsaya masa ya shigo ƙasar, yana kwana da mutum biyar a ɗaki ɗaya a unguwar Manfuha. Da na ga kamfaninmu yana neman waɗanda suka san aikin ƙasa, na yi ta fama har aka mayar da iƙamarsa, takardar izinin zama, wurinmu. Cikin wata guda kowa ya san shi. Zai damƙi ƙasar da aka kwaɓa da ciyawa, ya shinshina, ya ce a bar ta ta ƙara kwana biyu. Mu masu takarda mu kai ta ɗakin gwaji, mu dawo mu tarar da gaskiyarsa. A wurin aiki Muhandis, wato injiniya, yake ce mini kamar kowa. Ranar Juma'a idan ya zo cin tuwon mahaifiyarku, sai in koma Nuhu.

Shekarar ce ƙasashen Larabawa suka rikice, talabijin ɗinmu ba ta hutawa. A waje ba wanda yake buɗe baki, amma a cikin mota, gilasai a rufe, wani abokin aikina Bamisre mai suna Adil yakan yi. Na ba shi labarin Baba. Ya ce su a ƙasarsu sun kori sarki da Bature kusan lokaci ɗaya, mu kuwa mun kori ɗaya mun ajiye ɗaya. Muna jiran fitilar hanya sai ya ƙara da cewa kada in yi saurin yi musu murna, domin waɗanda suka biyo baya rawani kawai suka rasa. Rabin farko na maganarsa na ɗauka, rabin biyun na bar shi a motar. A cikin wannan yanayi ne kakarku Inna ta zo Umra, na riƙe ta da takardar ziyara ta zauna da mu. Kuma a cikinsa ne wakilin hakimin garinmu ya kira ni. Baba Audu ya rasu shekaru huɗu da suka wuce, rawaninsa yana ajiye. Hakimin yanzu, jikan wancan na zamanin Baba, ya ce ya duba gidan bai ga wanda ya fi ni cancanta ba, in saka ranar da zan zo.

Da na faɗa muku muna cin abincin rana, kai Hamza, mai sunan Baba, ka yi dariya ka tambaye ni da Larabci ko yanzu zan zama shehin ƙabila. Kana shekarar farko a jami'a, kanka cike da abin da kake gani a talabijin, ni kuwa na so in yi girma a idonka. Na kwashe labarin bulala da gidan yari na zuba muku, da gishirin tsofaffin nan da nawa. Na kai ƙarshe na ga labarin yana neman murfi, sai na ji bakina ya ce:

"Kuma kafin ya rasu ya kama hannuna, ya ce kada ɗansa ko jikansa ya durƙusa a gaban rawani."

Inna tana zaune a ƙasa kusa da ƙofa, domin ba ta yarda da kujera. Ta ɗago ta dube ni, ta mayar da kanta ga kwanonta.

Juma'ar da ta biyo baya Yaya Tanimu bai zo ba, sai ya aiko cewa in same shi. Na tafi Manfuha bayan an sauko masallaci. Abokan ɗakinsa suka gaishe ni suka fice, suka bar mu da tiren shinkafa da fanka mai ƙara. Na ɗauka haushi yake ji don an tsallake shi, shi da yake ɗan mai rawanin, shi kuma ya san aikin da hannunsa. Har na shirya in ce masa zan roƙa a ba shi.

"Ba za a ba ni ba," in ji shi. "Zamanin da ake naɗa mai ƙasa a farce ya wuce. Yanzu mai takarda ake nema, wanda za a nuna wa baƙi. Ni na sani, ban kuma ji ciwo ba. Abin da nake roƙonka, ka karɓa. Ka yi zamanka a nan in ka so, ni in koma in riƙe maka magina. In ka ƙi, rawanin nan ya bar gidanmu ke nan."

Na ce masa rawanin da aka tsaya da shi ana kallon ɗan'uwa yana shan bulala, in ya bar gidan ba asara ba ce.

Ya ajiye cokalinsa. Mahaifinsa na zaga, ya kuma ji, amma bai ɗaga murya ba.

"Nuhu, ni na yi shekara takwas ina miƙa wa Baba Hamza tubali. Ba yadda kake faɗarsa yake ba. Ka tsaya in gaya maka."

"Yaya, kada ka koya mini ubana."

Iyakar abin da na ce ke nan, na tashi. Ya rako ni har gindin bene. A makon nan na rubuta wa hakimi takarda. Da na tsaya a kan godiya da uzuri, da ƙila ƙofar ta zauna a buɗe. Amma shafi uku na cika. Na tuna masa aikin tilas, na tuna masa bakin kasuwa, na ce gidansu ya yi wa Bature dogari sannan ya wayi gari yana rawar 'yanci. Na rufe da wasiyyar. Na ba wani mai komawa gida ya kai hannu da hannu, na ji kaina wasai kamar wanda ya sauke kaya.

Bayan kwana goma, wata la'asar na dawo aiki na tarar da Inna ita kaɗai a falo tana tsince wake a faranti. Mahaifiyarku ta fita da ku. Na zauna kusa da ita, na faɗa mata cewa takardar ta isa, na ƙara da cewa na san da Baba yana raye da ya yi farin ciki. Ta ci gaba da tsintarta har na ɗauka ba ta ji ba.

"Ni na riƙe kansa har ya cika," in ji ta. "Kai kana kan hanya. Wane hannun naka ya kama?"

Na tambaye ta me ya hana ta magana tun ranar.

"Ba a ƙaryata mutum a gaban 'ya'yansa. Na jira ka zo ka tambaye ni, ba ka zo ba."

Sai ta ba ni sauran labarin, wanda tsofaffin zaure ba su taɓa bayarwa ba, don ba ya yi musu daɗin faɗa. Lokacin da Baba yake ɗaure, 'yarsu ta fari, wadda ban taɓa jin sunanta ba, ta yi zazzaɓin kwana uku ta rasu. Baba Audu ne ya ɗauke ta a hannunsa ya kai ta makwancinta, shi ya ciyar da gidan har aka sako ƙanensa. Bayan 'yanci da 'yan shekaru, hakimin nan ya saɓa da mutanen jam'iyyar da ya yi wa aiki, su da kansu suka sa aka tuɓe shi, aka kai shi wani ƙauye mai nisa, aka ajiye shi a ɗakin da rufinsa yake yoyo. Duk masu faɗuwa a gabansa suka watse. Ana gab da damina ya aiko wa Baba saƙo, ba ta bakin dogari ba, ta bakin wani mai sayar da gishiri, cewa yana roƙon arziki in da hali. Baba ya ɗauki kayan aikinsa ya tafi, ya yi kwana goma sha biyu, ya sake masa azara ya yi masa daɓe.

"Na tare ƙofa," in ji Inna. "Na ce mutumin da ya hana ka ganin gawar 'yarka? Ya ce mini wanda ya yi faɗa da shi mai dogarai ne, wannan kuwa tsoho ne da ruwa yake zuba a kansa. Ya ce wancan umarni ya ba shi, wannan roƙonsa ya yi. Ni dai ban yafe wa mutumin nan ba har yau, kada ka ɗauka na yafe. Ubanka ne ya tafi, ba ni ba."

Ta ce daga baya, da soja suka karɓe kotu da 'yan doka da gidan yari daga hannun sarakuna, Baba ya ce to, yanzu za a iya gaisawa. Shekarar da Baba Audu ya kwanta ciwon ƙafa, Baba ne ya ja magina zuwa gyaran zauren fada a madadinsa, ya tsaya aka yi ciniki a fili kafin kowa ya taɓa ƙasa, ya gaida sabon hakimi, ya dawo gida bai faɗa wa kowa ba. Ina makarantar kwana a lokacin. Yaya Tanimu yana wurin, shi yake miƙa tubali.

Na daɗe ina juya wannan magana, har yanzu ban gama ba. Ni na ɗauka faɗan 'yanci faɗa ne tsakanin rawani da talaka, wanda ya tsaya a nan ba ya taka can. Baba kuwa, da ya sha bulalar a jikinsa, ya rarrabe abin da ni mai digiri na kasa rarrabewa. Abin da ya ƙi shi ne a sa mutum aiki ba da yardarsa ba, a kuma ɗaure shi in ya ce a'a. Ko Bature ne ya riƙe wannan igiyar, ko hakimi, ko ɗan siyasar da ya tuɓe hakimin, duk ɗaya ne a wurinsa. Ban ce da yana raye zai ce in karɓa ba. Wataƙila ya ce in ƙi. Abin da na sani shi ne ba zai rubuta takardar da na rubuta ba, kuma ba zai katse yayansa yana magana ba.

Na kira wakilin hakimi washegari don in gyara. Ya karɓe ni da ladabi, ya ce an karanta takardata a gaban 'yan majalisa, an kuma girmama wasiyyar mamaci, ba za a tilasta mini saɓa wa mahaifina ba. Nan ne wurin da ya kamata in ce babu wasiyya. Na buɗe baki, na tuna an karanta ta a gaban mutane, na ji kunya ta rufe ni, na yi godiya na ajiye waya. Kafin babbar Salla aka naɗa wani ɗan kwangila daga wata unguwa, mutumin kirki ne, amma bai taɓa kwaɓa ƙasa ba. Rawanin da ya yi zamani biyar a gidanmu ya fita ta dalilin shafi uku.

Yaya Tanimu bai yi mini faɗa ba. Ya ci gaba da zuwa aiki, yana ce mini Muhandis, amma Juma'a ta daina kawo shi Suwaidi. Mahaifiyarku takan zuba tuwonsa a kula in kai masa, ya karɓa ya ce a yi mata godiya. Da iƙamarsa ta ƙare bai nemi a sabunta ba, ko da yake kamfanin ya so riƙe shi. Ya koma gida, inda aka ce duk shekara yana cikin maginan da suke bin sabon Sarkin Magina zuwa gaisuwar Salla, yana tafe a baya, a layin da mahaifinsa yake ja a da.

Bayan na yi ritaya na dawo, na je gidansa, wato gidanmu na gado, da niyyar in faɗi duk abin da na rubuta muku a nan. Na same shi a zaure, ya tsufa fiye da shekarunsa. Ya sa aka shimfiɗa mini sabuwar tabarma, aka kawo ruwa a kofin gilashi. Ya tambayi lafiyarku ɗaya bayan ɗaya da sunayenku. Da na fara maganar, ya ɗaga hannu ya ce abin da ya wuce ya wuce, Allah ya yafe mana baki ɗaya. Na ce ina so in shiga ciki in gaida iyali. Ya ce sun gode, za a faɗa musu na zo. A gidan nan aka yanke mini cibiya, na san kowane lungu nasa, amma a zaure na tsaya. Da na tashi ya ɗauki sandarsa ya rako ni har bakin titi, ya tsaya sai da motata ta juya, kamar yadda ake yi wa baƙon da ake girmamawa. Bai kai damina ta biyu ba ya rasu.

'Ya'yansa bakwai suna nan a gidan. Sun san ku a hoto kawai, kuma abin da suka sani game da ni shi ne abin da gari ya sani. Idan kun je, kada ku aika a yi muku sallama daga waje kamar baƙi. Ku nemi Hajara, ita ce babba, ku ba ta wannan rubutun ta karanta a gabanku, ku zauna ku saurari duk abin da za ta ce har ta gama.